Lauyan talabijin da Hausawan bakin Shuɗin Nilu

Duk mai kallon tashoshin Larabci irin su Aljazira da Alhadas ya san abin da ke biyo baya idan wata masifa ta auku a Sudan. Mai gabatarwa zai karanto labari, a nuno hayaƙi da mata ɗauke da ƙunshin kaya, sai a raba allo gida uku. Gida ɗaya nasa ne, ɗaya na wani tsohon janar da aka laƙaba wa masanin dabarun yaƙi, na ukun kuma na wani mai kwat da kantar littattafai a bayansa, an rubuta a ƙarƙashin sunansa cewa masanin shari'a ne. Da can daga Khartum yake magana. Tun da yaƙi ya ɓarke ranar 15 ga Afrilun 2023 kuwa, galibi daga Alƙahira ko Kampala ko Landan ko Bur Sudan. Minti uku ko huɗu ake ba shi, ya ambaci yarjejeniyoyin Janiba, ya ambaci kundin tsarin mulki, a yi masa godiya, a tafi talla.

Waɗannan 'yan mintuna ba a ɗakin watsa shiri suke ƙarewa ba. Wani zai yanko su ya tura a WhatsApp, kafin kwana biyu sun isa ƙauyukan Hausawa na Jazira da Sinnar da bakin Shuɗin Nilu. Bayan sallar isha'i za ka tarar da dattawa a kan tabarma a ƙofar masallaci, waya ɗaya ce tak, tana hannun wani saurayi da ya yi makaranta, an yi mata caji da sola. Dattawan suna jin Larabcin kasuwa sarai, da shi suke ciniki, amma Larabcin lauyoyi ya fi ƙarfinsu, don haka saurayin ke juya musu zuwa Hausa. Lauya ya ce idan bincike ya tabbatar, abin da aka yi yana iya zama laifin yaƙi. Kafin maganar ta zagaya tabarma, "idan" ta faɗi a hanya, "yana iya" ma ta faɗi. Abin da ya rage shi ne lauya ya ce laifin yaƙi ne, za a kai su kotun duniya. Wani tsoho ya ce Allah ya sa, a shafa fatiha, a watse.

Ban ce masanan nan ƙarya suke yi ba. Akasarin abin da suke faɗa haka yake a littafi. Ƙorafina shi ne dokar da suke kawowa allo ba ita ke cin Bahaushen Sudan ba, wadda ke cin nasa kuma ba kasafai ake jin ta a bakinsu ba. Ko a kan wadda suke kawowar ma, sukan tsaya daidai inda mai sauraro ya fi buƙatar a ƙarasa masa.

Mu fara da kotun hukunta manyan laifuka ta duniya da ke birnin Heg, tunda ita ta fi daɗin ambato. Sudan ba mamba ba ce a cikinta. Majalisar ministocin Firaminista Abdalla Hamdok ta amince a shiga cikin Agustan 2021, sai juyin mulkin 25 ga Oktoban shekarar ya binne maganar. Ƙofa ɗaya kotun ke da ita zuwa Sudan, wato ƙuduri mai lamba 1593 da Kwamitin Sulhu na Majalisar Ɗinkin Duniya ya zartar a Maris ɗin 2005, shi kuwa Darfur kaɗai ya ambata. Ke nan mutum sama da 100 da dakarun RSF, waɗanda mutanen can ke kira Da'ama, suka kashe a Wad Annura cikin Yunin 2024, da waɗanda aka kashe a ƙauyukan gabashin Jazira cikin Oktoban shekarar bayan kwamandansu Abu Aƙla Kaikal ya koma ɓangaren soja, da duk jinin da aka zubar a Shuɗin Nilu, babu ko ɗaya da mai gabatar da ƙara na Heg ke da hurumin taɓawa. Tawagar binciken da Majalisar Ɗinkin Duniya ta kafa, wadda tsohon alƙalin alƙalan Tanzaniya Mohamed Chande Othman ya jagoranta, da Farfesa Joy Ezeilo ta Nijeriya a ciki, ta san da haka. Shi ya sa a rahotonta na Satumbar 2024 ta nemi a faɗaɗa hurumin kotun ya game ƙasar baki ɗaya. Gwamnatin soja ta yi fatali da shawarwarin, Kwamitin Sulhu kuma bai motsa ba. Duk wannan bayani bai fi minti ɗaya ba. Lauyan da ya furta "laifin yaƙi" ya kama bakinsa a kan wace kotu za ta saurara, ya bar uban da aka kashe wa ɗa yana jiran sammacin da babu mai ikon rubuta shi.

Abin ya samo asali. Luis Moreno Ocampo, ɗan Ajantina da ya riƙe muƙamin mai gabatar da ƙara na kotun daga 2003 zuwa 2012, shi ya fi kowa nuna yadda lauya ke zama tauraron fim. Yana cikin manyan fuskokin Darfur Now na 2007, tare da ɗan wasan Amurka Don Cheadle, ya kuma fito a The Reckoning na 2009. Mai shirya fim ɗin bin diddigi yana buƙatar jarumi, yana buƙatar mai kallo ya tashi da jin cewa azzalumi ya kusa shiga hannu, kuma lauya mai iya magana gaban kyamara yana biya masa wannan buƙata. To me ya biyo baya? An fitar da sammacin kama shugaban Sudan na lokacin, Umar Albashir, ranar 4 ga Maris ɗin 2009. Ya ƙara shekara goma a kan mulki, yana shiga ƙasashe yana fita, har Abuja ya zo a Yulin 2013. Zanga-zangar talakawa ce ta sa sojojinsa suka sauke shi a 2019, kuma har yau bai taka Heg ba. Hukuncin farko da kotun ta yanke a kan Darfur, na Ali Kushaib, sai a Oktoban 2025 ya zo, shekara 20 bayan ƙudurin. A inda kotun ke da hurumi ke nan fa.

Inda gizo ke saƙar ga Hausawa ya bayyana ne a 2022. A watan Yulin shekarar rikici ya ɓarke a yankin Gaisan tsakanin Hausawa da mutanen Barta da wasu ƙabilun yankin, ya bazu zuwa Rusairis da kewayen Damazin, aka kashe mutum sama da 100. Hausawa suka fito zanga-zanga a Khartum da Gadarif da Bur Sudan, a Kasala har aka ƙona ofisoshin gwamnati. A Oktoba wuta ta sake tashi a Wad Almahi, a garuruwan nan masu lamba maimakon suna da aka gina wa waɗanda ƙarin tsawon madatsar Rusairis ya tasa, aka rasa rayuka wajen 200 cikin 'yan kwanaki. Dubun-dubatar mutane suka yi hijira zuwa Sinnar da Jazira da Farin Nilu. Masu sharhi sun yi ta ɗora laifi a kan juyin mulki, da ragowar mutanen tsohuwar gwamnati, da yarjejeniyar zaman lafiya ta Juba ta 2020, kuma kowane akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Amma tambayar da ta cika Facebook da bakin kasuwa a makonnin nan ta shari'a ce tsantsa: Hausawa 'yan ƙasa ne ko baƙi? Ba sabuwa ba ce. A 2008 ma sai da Hausawa suka fito kan titi a Gadarif da wasu garuruwa, bayan wata jarida ta jingina wa Albashir maganar da ke nuna ba 'yan ƙasa ba ne, maganar da aka musanta daga baya.

Amsar tana rubuce, kuma tarihinta ya isa a yi masa shiri guda. A 1948 Turawan Ingila suka fitar da dokar da ke fayyace wane ne ɗan Sudan, suka ce shi ne wanda shi ko kakanninsa ta wajen uba suke zaune a ƙasar tun 31 ga Disambar 1897. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1957, bayan 'yancin kai, ta riƙe wannan rana. Yanzu a duba lissafi. An yi yaƙin Burmi a Yulin 1903, inda Sarkin Musulmi Attahiru ya yi shahada. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya ci gaba da jama'a zuwa gabas, suka sauka a bakin Shuɗin Nilu wajajen 1906, inda garin Maiwurno yake a yau, kudu da Sinnar. Da 'yan shekaru ƙalilan layin 1897 ya bar su a waje. Haka ya bar dubban maniyyata da suka biyo hanyar ƙasa suka yada zango, da waɗanda Turawan da kansu suka yi maraba da su domin aikin auduga bayan an kammala madatsar Sinnar a 1925. A shekarun 1930, da farashin auduga ya faɗi wasu manoma suka watsar da hawasha, wato kason gonar da hukumar Jazira ke ba manomi, mutanen Yammacin Afirka ne aka miƙa wa wasu daga ciki suka raya. Da maganar takardar jinsiyya, wato shaidar zama ɗan ƙasa, ta shigo, sai ƙofar samun hawasha ta tsuke musu, mafi yawansu suka koma ƙwadago da noman raba-daidai a gonar wani.

Sai dai dokar ba ta tsaya a nan ba. Daga baya an matso da ranar zuwa 1924, sannan dokar 1994, wadda ake aiki da ita har yanzu tare da gyare-gyarenta, ta mai da ita 1 ga Janairun 1956. Ma'anar wannan a fili take. Bahaushen da kakansa yake Maiwurno ko Wad Madani ko Rusairis ranar da Sudan ta sami 'yanci, ɗan ƙasa ne ta haihuwa, daidai da Baja'ale na Shandi, ba alfarma aka yi masa ba. Da wani masani ya zauna gaban kyamara a Yulin 2022 ya jero waɗannan shekaru da Larabcin da kowa ke ji, da ya yi aikin da ambaton yarjejeniyar Janiba sau ɗari bai yi ba.

Kuma da ya ƙara da cewa matsalar ta bar littafin doka ta koma teburin ma'aikaci. Wanda ya taɓa raka ɗan'uwa neman lambar ɗan ƙasa ya san yadda ake yi. A ce ka faɗi sunanka har kaka na uku, ka kawo shaida daga dangin uba mai riƙe da takarda. Mutumin arewa in ya ambaci ƙabilarsa da garinsu, sai a buga hatimi. Bahaushe yana faɗin sunan kakansa, Ɗanladi ko Tanko, sai alƙalami ya tsaya. A ce ya kawo takardar umda, wato dagaci, ya kawo shehun unguwa, a tura fayil ɗinsa wajen masu bincike, ya dawo wani mako. Wanda ubansa bai taɓa neman takarda ba, don a gona ya ƙare rayuwarsa, shi ke nan ya gaji rashi. Ba lamba, ba fasfo, ba asusun banki, yaro ya zo jarrabawar ƙarshe a fara kai-komo. Wannan zalunci ne da lauya zai iya ƙalubalanta a kotun gari, fayil bayan fayil, amma ba ya yin kyau a allo domin ba hayaƙi a cikinsa.

Ƙasa da sarauta su ne ɗaya ɓangaren, kuma a nan dole a yi wa kowa adalci. Abin da ya hura wutar 2022 shi ne neman da Hausawa suka yi a ba su masarautarsu a tsarin sarautun gargajiya na jihar, sarakunan yankin kuma suka ƙi, bisa hujjar cewa sarauta da ƙasa tare suke tafiya, wanda ba shi da ƙasar gado ba shi da rawani. A al'adar wurin haka abin yake. A dokar gwamnati kuwa ba haka ba ne. Dokar 1970 ta zamanin shugaba Numairi ta ce duk ƙasar da ba a yi wa rajista ba ta gwamnati ce, dokar mu'amalar jama'a ta 1984 kuma ta riƙe wannan asali. Mafi yawan ƙasar kudancin Shuɗin Nilu ba ta da rajista. Da wannan doka gwamnatoci suka yanka manyan filaye suka ba 'yan kasuwa da kamfanonin noman inji, suka matse Barta da Ingasana da makiyaya da Hausawa a cikin abin da ya rage. Su Barta suna da tsohon ciwo na ƙwace da yaƙi, ba daga sama tsoronsu ya faɗo ba. Ita ma sarautar, Turawa suka tsara ta a shekarun 1920, Numairi ya rushe ta a farkon shekarun 1970, gwamnatin Albashir ta dawo da ita tana raba rawani ga wanda ta ga dama, kamar yadda ta yi a ƙasar Masalit a 1995, abin da ya ƙare da jini. Ga kuma Sarkin Maiwurno da hukuma ta san da shi tun zamanin Turawa, shaidar cewa rawanin mutanenmu ba baƙon abu ba ne a bakin wannan kogi. Gona ɗaya, dokoki biyu, kowane ɓangare yana da wadda ke ba shi gaskiya. An sa hannu a kan takardar zaman lafiya a Damazin cikin Janairun 2023, amma ba a warware wannan ƙulli ba, wata uku bayan nan kuma babban yaƙi ya shafe zancen.

Me ya sa allo ba ya ɗaukar irin wannan bayani? Mai shirya shiri a Doha ko Dubai yana da awa biyu ya samo baƙo. Zai buɗe wayarsa ya kira wanda ya saba kira, mai intanet mai ƙarfi, mai Larabcin littafi, wanda ba ya cewa bai sani ba. Lauyan da ya ƙware a shari'ar kamfanoni a Khartum, yau shi ne masanin tsarin mulki, gobe masanin dokar yaƙi, jibi masanin ƙasar noma a Gaisan da bai taɓa takawa ba. Lauyan Damazin ko Sinja da ya shekara yana shari'ar iyakar gona, wanda ya san wane umda ne ya sa hannu a kan wace takarda, ba shi cikin wayar. Ko yana ciki ma, a garin yake kwana, ya san abin da zai tarar a ƙofar gida in ya faɗi gaskiya.

Akwai kuma abin da rubutun ƙarƙashin suna ke ɓoyewa. Lauya a Sudan da wuya ka same shi ba jam'iyya, ba ƙabila, ba wanda yake karewa. Wannan ba aibi ba ne, sana'ar ke nan. Aibin shi ne a gabatar da shi tamkar alƙali. Mai kallo a ƙauye ba ya rarrabe "doka ta ce" da "ni ina ganin", musamman in duka biyun sun fito daga baki ɗaya cikin murya ɗaya. Ko lauyan da ba a zarginsa da son kai, kyamara takan ɗora masa nauyin da ba shi da ikon saukewa. Nabil Adib, wanda ya yi suna wajen kare haƙƙin ɗan Adam, shi Hamdok ya naɗa a Oktoban 2019 ya binciki kisan masu zaman dirshan na 3 ga Yunin shekarar a Khartum. An ba kwamitin wata uku. Ya yi ta bayyana a kafafen labarai yana bayanin inda aka kwana, iyayen waɗanda aka kashe suna jira, har jami'an tsaro suka mamaye ofishin kwamitin a 2022 aiki ya tsaya. Rahoton ƙarshe bai fito ba. Idan kisan da aka yi a ƙofar hedikwatar soja, wanda wayoyi suka ɗauka kai tsaye har BBC ta haɗa fim a kansa, ya ƙare a haka, sai a auna na ƙauyen da babu mai ɗaukar hoto.

Yaƙin nan ya ƙara fito da abin fili. Da soja suka doshi Wad Madani, wadda suka karɓe ranar 11 ga Janairun 2025, an far wa kanabi, wato sansanonin 'yan ƙwadagon Jazira da ake kira kambo, inda mutanen Darfur da Barebari da Hausawa da sauransu suke zaune shekara da shekaru ba tare da takardar fili ba. A Kambo Ɗayyiba kaɗai, ƙungiyar Human Rights Watch ta ƙidaya aƙalla mutum 26 da mayaƙan Kaikal suka kashe, bisa zargin mutanen kambo da haɗa baki da Da'ama. Shugaban soja Janar Burhan ya kafa kwamitin bincike. A garuruwan da soja ke riƙe da su kuma, mutane suna ta ambaton wata aba wai dokar baƙin fuska, da ita ake tsare mutum a shinge saboda kamanninsa ko lafazinsa. Babu majalisar da ta taɓa zartar da doka mai wannan suna. Abin da ake gurfanar da mutane da shi a zahiri shi ne sashe na 50 da na 51 na dokar laifuka ta 1991, zagon ƙasa ga tsarin mulki da yaƙar ƙasa, kuma hukuncinsu yana kaiwa ga kisa. Bahaushen da ya tsere daga ƙauyensu ba takarda a aljihu, wannan ce shari'ar da ke gabansa. Yana buƙatar ya san cewa waccan dokar babu ita, ya san haƙƙinsa ne ya nemi lauya, ya san kuma tun 2009 dokar laifukan Sudan kanta ta ƙunshi babi a kan laifukan yaƙi, sai dai kariyar da aka ba masu kaki ta toshe hanyar amfani da shi.

Akwai masu yin aikin, kada a ci haƙƙinsu. Ƙungiyar Lauyoyin Gaggawa, wadda ta yi fice bayan juyin mulkin 2021, tana tattara sunayen waɗanda aka kashe da waɗanda aka tsare daga ɓangarorin biyu, an kama wasu daga cikin lauyoyinta saboda haka. Idan ɗayansu ya fito a allo, za ka ji bambanci. Sunan ƙauye yake kawowa, da rana, da sashen doka, ba ya yi maka alkawarin Heg.

Mu ma da namu kason laifin. Sassan Hausa na BBC da DW da RFI, da gidajen rediyon Kano da Kaduna, ana jin su a Jazira da Shuɗin Nilu ta waya. Idan rikici ya tashi a can sukan kira wani Bahaushe ya faɗi abin da ya gani, a yi jaje, a wuce. Lauyoyin da muke ji kullum da Hausa kuwa dokar Nijeriya suka karanta, ba su da ta cewa a kan jinsiyya ko hawasha, in ma sun ce wani abu to yarjejeniyar Janiba ɗin ce dai. Alhali Hausawan Sudan sun yi karatu, akwai lauyoyi a cikinsu da suka fito daga jami'o'in Khartum da Nilain da Omdurman, kuma mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Rabin awa a mako ya isa a zaunar da ɗayansu ya ɗauki doka ɗaya ya warware ta da Hausa, ya faɗi sashe, ya faɗi ofishin da ake zuwa da takardar da ake riƙewa, ya faɗi inda ake maƙalewa, a kuma sanar da mai sauraro tun farko ko lauyan yana wakiltar wani. Da yawa daga cikinsu yanzu suna gudun hijira a Masar da Saudiyya, inda za su iya magana ba tare da fargabar shinge ba, kuma samun lambar wayarsu bai fi ƙarfin editan da ya sa kansa ba.